Kiɗan da masunta suka ce a cire

To jama'a Assalamu alaikum, a ɗan matso gaba dan Allah, na baya ba sa ji. Yau maganar fim ɗin dokumentari za mu yi, irin wanda mai kyamara ke zama ya zuba ido kawai, ba ya ce wa kowa tsaya nan ko maimaita, mutane na harkarsu da ruwa da daji da dabbobi shi kuma yana ɗauka.

Wani Bafaranshe zan ba ku labarinsa, Jean Rouch. Injiniya ne fa asalinsa, aikin hanya ya kawo shi Nijar a 1941. A 1946 shi da abokansa biyu suka biyo kogin Kwara a kwalekwale, a tafiyar ne ya rasa ƙafar da ake ɗora kyamara, dole ta sa ya koma riƙewa da hannu, shikenan abin ya zame masa salo har ƙarshen rayuwarsa. Kuma kyamarar irin mai wani ce kamar agogon da, in ka wana ta ba ta kai rabin minti ta tsaya. Ku da ke cika waya da bidiyon awa guda ku auna wannan.

Wajen 1951 ya ɗauki masuntan Sorko suna farautar dorina a yankin Ayorou, tare da amininsa Damouré Zika wanda shi ma ɗan masunta ne. Farautar dorina ba wasan yara ba ce, sai an haɗa babban jirgi, a yi roƙo wajen masu ruwa, a yi kwana da kwanaki ana bin sawu da masu a hannu, wata rana ma ko kunnenta ba za a gani ba. Rouch ya tafi Faransa ya haɗa fim, ya ɗora kiɗa a daidai wurin da ake fafatawa, yadda dai aka saba.

Yanzu ga inda nake so ku buɗe kunne. A 1954 ya dawo da fim ɗin Ayorou, da janareta da majigi, aka kafa farin ƙyalle da daddare. Mutane suka ga kansu, suka ga waɗanda suka riga mu gidan gaskiya, aka yi ta koke-koke, aka sake haskawa aka kuma. Can sai masuntan suka ce malam, wannan kiɗan fa? Yaushe ka taɓa jin kiɗa a wajen farauta? Ai dorina na ji a ƙarƙashin ruwa, kiɗa ƙarfin zuciya zai ƙara mata. Mutumin nan bai yi gardama ba wallahi, ya cire kiɗan. Ni a ganina ranar ya zama mai fim na gaske, dan da yawanmu da an faɗa mana haka cewa za mu yi ƙauyawa ne ba su san fim ba. Mu nan ko tsohuwa aka nuna tana tatsar saniya sai an danna mata fiyano mai sa kuka, ƙarar nonon a ƙwarya ba ta ishe mu ba.

A wurin kallon nan ne kuma wani ya ce masa ya zo ya ga masu farautar zaki da kwari da baka. Wannan aikin shekara bakwai ya ci, ana zuwa ana dawowa hannu rabbana, sai 1965 ya fito ya ci kyauta a Benis ta Italiya.

Rouch ya mutu a haɗarin mota kusa da Birnin Konni a watan Fabrairun 2004, kabarinsa na Yamai. Wa ke da tambaya? Ke ta can gefen taga, bismillah.