Fim ɗin 1977 da masu kallo suka ƙi bari ya ɓace

Jama'a masu sauraro, assalamu alaikum. Sharhinmu na yau a kan wata taƙaddama ce tsakanin mai fim da masu kallonsa.

A shekarar 1977 aka fara haska Star Wars a gidajen silima na Amurka. Bayan shekara 20, a 1997, mai fim ɗin, George Lucas, ya sake fito da shi da gyare-gyare: ya cusa halittun da aka ƙera da kwamfuta, ya taɓa sauti da hoto. Wanda ya fi sosa ran masoya shi ne wurin da Han Solo, ɗaya daga cikin jaruman fim ɗin, ya harbe Greedo, wanda ya zo farautarsa. A asali, Han kaɗai ne ya yi harbi. A sabon, sai aka sa Greedo ya riga shi. Canji ne na ƙiftawar ido, amma ya mayar da mutum mai saurin hannu ya zama mai kare kansa kawai. Daga nan na asalin ya yi wuyar samu. Ko wanda aka saka a faifan DVD na 2006, daga tsohon kwafin LaserDisc (babban faifan bidiyo da ya riga DVD) na 1993 aka ɗauko shi, hotonsa dishi-dishi.

Sai masu kallo suka tashi da kansu. Wani malamin Turanci a Jamhuriyar Czech, Petr Harmáček, ya zauna yana harhaɗa fim ɗin daga kwafe-kwafe daban-daban, yana goge ƙarin hoto bayan hoto, har ya fitar da shi a 2011. Wata ƙungiya kuma, Team Negative1, ta nemo tsofaffin nadin fim na silima, ta ɗauke su da na'ura, ta share ƙura da ƙarce, ta fitar da nata kwafin mai suna 4K77 a 2018. Ba kwabo suke karɓa ba.

Doka dai tana bayan mai haƙƙin mallaka, wannan ba gardama. Amma a ganina, abin da miliyoyin mutane suka biya kuɗi suka kalla ya shiga tarihi. Mai fim yana da ikon gyara kayansa, amma ɓoye na farkon zalunci ne ga masu zuwa. Shi kansa Lucas, a 1988, ya tsaya gaban majalisar dokokin Amurka yana sukar masu sauya tsofaffin finafinai.

A watan Yunin 2025, cibiyar finafinai ta Birtaniya, BFI, ta fito da wani nadin 1977 daga ma'ajiyarta, ta haska shi a Landan, kamar yadda iyayen 'yan kallon suka gan shi tun farko.