Japchae: Taliyar Koriya da Naman Sa da Kayan Lambu

Assalamu alaikum 'yan uwa, barkanmu da warhaka. Yau Koriya muka nufa, girkin da suke kira japchae za mu yi. A harshensu "jap" gaurayawa ne, "chae" kuma kayan lambu. Tun ƙarni na 17 ake yinsa a fadar Sarki Gwanghaegun, kuma a wancan lokacin ko taliya babu a ciki, sai a ƙarni na 20 ta shigo. Yanzu da wuya a yi bikin Chuseok, wato bikin girbinsu, ko na sabuwar shekara a gidan Bakoriye ba a ga farantinsa ba.

To, ga taliyar. Dangmyeon sunanta. Ku kalle ta da kyau, ruwan toka ce, ga tauri kamar tsinken tsintsiya. Ba da alkama ake yinta ba, da sitacin dankalin Hausa ne, shi ya sa idan ta dahu take zama garai-garai kamar gilashi. Giram 200 na ɗebo.

Naman sa na riga na yanka shi siriri dogo-dogo, kamar giram 150. Idan kika sa shi a firiza na rabin awa ya ɗan daskare, wuƙa za ta bi shi ba gardama. Na zuba masa soya sos cokali ɗaya, sukari kaɗan, dakakkiyar tafarnuwa, masoro da man riɗi. Wasu suna ƙara mirin, wani ruwan girki mai zaƙi da ake yi da shinkafa, amma akwai giya a cikinsa, ni ba na sawa, kuma ba abin da ya ragu. Bari ya jira mu a gefe.

Ruwa ya tafasa, na zuba taliyar. Nan ne nake so ki kasa kunne, uwargida. Ranar da na fara girka ta, na ɗauke ta kamar taliyarmu ta kullum, na bar ta a wuta na tafi yankan albasa. Ina dawowa na tarar ta caɓe, da na tsame kuma ta dunƙule wuri guda kamar danƙo. Baƙi ne za su zo ranar, wallahi raina ya ɓaci sosai. Don haka minti 6 zuwa 7 kawai, kina tsaye a kanta. Ki ciro sili ɗaya ki ciza. Idan tsakiyar ba ta da tauri amma tana jan haƙori kaɗan, ta yi. Ki tsane ta nan take, ki sa almakashi ki datsa ta sau biyu ko uku, don tsawonta ya yi yawa. Tun tana turiri ki zuba man riɗi cokali ɗaya, soya sos cokali biyu, a'a, bari in ƙara, uku, taliyar nan tana shan sos. Sukari cokali ɗaya. Ki juya sosai. Man nan shi ke hana ta mannewa. Wasu suna ɗauraye ta da ruwan sanyi tukuna, ni na fi son ta sha haɗin da zafinta. Kun ga yadda ta koma ruwan zuma tana ƙyalli?

Af, maganar man riɗi. Na Koriya sai an soya riɗin kafin a matse, shi ya sa yake da duhu da ƙamshi mai ƙarfi. Riɗi kuwa ga shi nan ana nomawa a Jigawa da Nasarawa har ana fitarwa waje. Wannan da hannuna na soya na kai aka matse mini.

Kayan lambu kowanne da nasa shiga kasko, kada ki haɗa su. Albasa tukuna, da ɗan gishiri, sai karas, sai jan tattasai, sai mashrum, wato naman kaza, irin wanda ake kira shiitake, da na jiƙa tun ɗazu. Minti ɗaya ko biyu kowanne, wuta da ƙarfi. Ina farawa da mai haske ne don kada launin karas ya ɓata albasa. Idan kika zuba su gaba ɗaya ruwa za su fitar, kowa ya rasa launinsa. Ganyen kuwa, nasu daban ne da alayyahunmu, amma namu ma yana yi. Na tsoma shi a tafasasshen ruwa daƙiƙa 30, na matse shi tsaf.

Yanzu naman. Kasko ya yi zafi, minti 3 ya isa. Kada ki zubar da romon da ya fito, a kan taliyar za ki juye.

Komai ya hallara a babban kwano. Ki sa safar leda, da hannu ake cakuɗawa, cokali tsinka taliyar yake yi. Ki ɗaga, ki saki, ki ɗaga. Bari in ɗanɗana. Yana son sukari kaɗan. Yauwa. Sai soyayyen riɗi a barbaɗa, da ƙwan da na soya fale-fale na yanka siri-siri a sama. Da ɗuminsa ake ci, ko ya huce ma yana da daɗi. Wanda ya kwana a firiji zai yi tauri, sai ki yayyafa masa ruwa kaɗan ki juya a kasko, zai dawo.