Sharhi: An kama rairayi, to ina yake zuwa?

Jama'a masu saurare barkanku da warhaka. Sharhin namu na yau kan rairayin gini ne, wanda ake ɗebowa a Gulbin Maradi, da rigimar da ke tashi duk ranar da aka tare kamyo ko amalanke aka ce a kai furiyer, wato filin da hukuma ke ajiye kayan da ta kama.

Abinda mutane da yawa ba su sani ba shi ne rairayi a idon doka ma'adini ne, yana cikin kayan kariyer, wato wurin haƙo kayan gini, tare da tsakuwa da jan marmara. Ranar 2 ga Maris 1993 aka sa hannu kan dokar ma'adinai ta Nijar mai lamba 93-16, aka gyara ta a 2006, sannan a Yulin 2022 aka fito da sabuwa, kuma duk bakinsu ɗaya: arzikin da ke ƙasa na gwamnati ne, mai son buɗe kariyer sai ya nemi izini ya biya haraji. To wani abin mamaki, a wannan rana ɗaya ta 2 ga Maris 1993 aka fitar da dokar karkara wadda ta yarda da gonar gado. Shi ya sa in ka ce ma manomin fadama rairayin da gulbi ya zubo bakin gonarshi ba nashi ba ne sai ya dube ka kamar ka taɓu, ai kakanshi ya share wurin nan, mai gari shaida ne. Shi mai kamyo ya ce ai na biya mai gona, ma'aikaci ya ce ina takarda, kowa da gaskiyarshi a hannu, sai a dangana da alƙali.

Ni dai ban ga laifin sa ido ba wallahi. Duk wanda ya leƙa gulbi da rani ya ga ramukan da ake bari, an ci gaɓa har saiwar mangwaro ta fito fili tana lilo, ruwan farko na zuwa daga wajen Jibiya sai gaɓar ta rufta da gonar wani. Kuma mu mutanen Maradi ba sai an ba mu labarin gulbi ba, ambaliyar 1945 ce ta tashi tsohon gari daga kwari ya hau tudu.

Inda nake da magana shi ne yadda ake kamun. Yaro ya tashi tun asuba da shebur ɗinshi, ya loda amalanke, jaki na nishi a hawan tudu, nan za a tare shi, alhali babban kamyon da ya yi sahu nawa tun safe ya wuce ba wanda ya ce mishi kanzil. In kuwa an kama, sai ka ji an juye kayan a wani fili, babu takardar kamu, babu wanda ya auna mita nawa ne, bayan sati biyu mai shi ya zo da rasit ɗin tara a hannu ya tarar an rage rabi. Wa ya kwashe? Oho. Ta yaya alƙali zai yanke shari'a kan kayan da ba a rubuta yawansu ba, shi kuma mai ginin da ya ba da kuɗi tun farko siminti na daskarewa a zaure, magini ya tafi wani aiki.

Abinda muke roƙon ma'aikatar ma'adinai ta jaha da hukumar birni bai da yawa. A kafa allo a bakin gulbi, nan an yarda a ɗiba, nan an hana, a rubuta kuɗin haraji da Hausa, a karanta a rediyo don mai amalanke ba ya karanta Faransanci. Wanda aka kama a ba shi takarda nan take da sunan ma'aikacin da yawan kayan, rairayin ya zauna inda aka juye shi har kotu ta yi magana. In an ce a sayar, a yi gwanjo a bainar jama'a, kuɗin ya shiga baitulmali da rasit.