Idan Aka Janye Ƙorafin Zaɓe, Ina Makomar Ɗaukaka Ƙara?

Assalamu alaikum. Malamai, ɗalibai, 'yan'uwa lauyoyi, na gode da kuka jure wannan ranar ta Kaduna kuka zo.

Bari in fara da abin da ya taɓa faruwa da ni. Wani ɗan takarar majalisar jiha ya ɗauke ni aiki, muka shigar da ƙorafi a kotun sauraron ƙararrakin zaɓe. Kotun ta yanke wani ƙaramin hukunci da bai yi mana daɗi ba, muka garzaya Kotun Ɗaukaka Ƙara ta nan Kaduna. Na kwana uku ina rubutu. Ashe dattawan garinsu sun zauna da shi, an ci goro, an yi sulhu. Da safe ya bugo waya: "Barista, a janye kawai."

To, ƙorafin zaɓe ba a janye shi da baki. A tsarin Dokar Zaɓe ta 2022, sai an nemi izinin kotu, a kawo takardar rantsuwa kan dalilin janyewar. In masu ƙorafin sun fi ɗaya, sai kowa ya yarda. Kuma mai janyewa na iya biyan kuɗin ɗawainiyar waɗanda ya kai ƙara. Kun tuna a Mayun 2023, jam'iyyun AA da APP sun janye ƙorafinsu kan zaɓen Tinubu, kotu ta kori ƙararrakin, aka ci gaba da sauran.

Yanzu ina ɗaukaka ƙarar da na kwana uku a kanta? Reshe ce, an sare gindin. Ko alƙalan sun ce ni ke da gaskiya, ina za a kai gaskiyar? Babu shari'ar da za a mayar wa. Kotunanmu sun daɗe suna cewa ba sa zama don amsa tambayar da amsarta ba za ta amfani kowa ba. Wannan aikin aji ne, naku ne ɗalibai.

Wani zai ce, to a sake shigar da ƙorafin mana. Ina! Sashe na 285 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba da kwana 21 kacal bayan bayyana sakamako. Kotun zaɓe na da kwana 180 ta yanke hukunci, kotun ɗaukaka ƙara kuma kwana 60. Agogon nan ba ya jiran sulhu ya watse. Wanda ya dawo bayan an saɓa masa alkawari, ihu bayan hari yake yi.

Abin da ya rage wa lauya shi ne ya sanar da Kotun Ɗaukaka Ƙara da kansa, ya shigar da takardar janye ɗaukaka ƙarar. Ni a ganina rashin ladabi ne ka bar alƙalai uku su karanta fayil, sai abokin hamayyarka ya miƙe ya ce, "Ya mai shari'a, ai maganar nan ta mutu tun makon jiya."

Haka na yi ranar. Zaman bai kai minti biyar ba. Na ga hannu can baya, Malama, bismillah.