Ojibwe na Mille Lacs: Gwamnatinsu, Kuɗinsu da Makarantarsu

Malama Hadiza: Assalamu alaikum masu sauraro, barkanmu da sake saduwa. Yau za mu leƙa jihar Minnesota ta Amurka, bakin tafkin Mille Lacs, inda wani reshe na ƙabilar Ojibwe (ɗaya daga cikin ƙabilun asalin mazauna Amurka) mai mutane fiye da 4,000 yake tafiyar da gwamnatinsa. Malam Sani, ta yaya ƙaramar al'umma ta samu irin wannan iko a cikin ƙasar da ke da gwamnatin tarayya da ta jiha?

Malam Sani: Malama, ba kyauta aka yi musu ba. Ikon yana hannunsu tun kafin zuwan Turawa, kuma yarjejeniyoyin da suka ƙulla da Amurka sun tabbatar da shi. A 1837 sun miƙa filaye masu faɗi, amma suka riƙe haƙƙin farauta da kamun kifi da girbin shinkafar daji, wadda suke kira manoomin. A 1855 aka keɓe musu yanki mai kimanin eka 61,000. Daga baya an matsa musu lamba ƙwarai su koma wani yanki da ake kira White Earth, wasunsu kuwa suka ƙi tashi, kuma zuriyarsu ce take wurin har yau.

Malam Garba: Abin da ya fi ɗaukar hankalina shi ne yadda suka riƙe takardar 1837 ɗin nan har tsawon shekaru fiye da 160. Da jihar Minnesota ta ce haƙƙin ya daɗe da faɗuwa, sai suka je kotu, kuma a 1999 Kotun Ƙolin Amurka ta ba su gaskiya da rinjayen alƙalai biyar a kan huɗu.

Malama Hadiza: To yaya tsarin mulkin nasu yake?

Malam Sani: Tun farkon shekarun 1980 suka raba iko gida uku. Akwai shugaba mai zartarwa da jama'a ke zaɓa, akwai majalisar dokoki mai wakilan gundumomi uku tare da sakataren kuɗi wanda shi ne kakakinta, sannan akwai kotunansu. Mata sun daɗe suna riƙe da shugabancin: Marge Anderson ta hau a 1991, an zaɓi Melanie Benjamin a 2000, sai a 2024 Virgil Wind ya karɓa.

Malam Garba: Bari in shigo da maganar da na san tana ran masu sauraronmu. Ginshiƙin arzikinsu gidajen caca ne, ɗaya a Mille Lacs da aka buɗe a 1991, ɗaya a Hinckley a 1992. A wurinmu caca haramun ce, kuma mun san yadda take rushe gidaje, don haka ba zan iya yabon wannan hanya ba.

Malam Sani: Ba na jayayya da kai, Malam, amma ya kamata a san halin da ya kai su can. Al'umma ce da aka raba ta da yawancin ƙasarta, ba ta da masana'antu, ba ta da masu dukiyar da za ta ɗora wa haraji. Dokar tarayya ta 1988 ta ba ƙabilu damar buɗe irin waɗannan gidaje, ta kuma iyakance inda ribar za ta tafi, wato ayyukan gwamnatin ƙabila da jin daɗin jama'arta da bunƙasa arzikinta da makamantansu. Da kuɗin suka gina asibitoci da gidaje da wuraren kula da tsofaffi. Su ma sun san dogaro da sana'a ɗaya haɗari ne, shi ya sa kamfaninsu ya sayi otal biyu a birnin St. Paul a 2013.

Malama Hadiza: Ni kuwa makarantar ce ta fi taɓa zuciyata, domin ta girmi gidan caca da shekaru 16. A 1975 yaran Ojibwe suka fice daga makarantar garin Onamia saboda wariyar da ake nuna musu, iyayensu suka tsaya musu, aka kafa makarantar Nay Ah Shing a lokacin da al'ummar ba ta da wani abin hannu. Ku tuna cewa kakannin yaran nan da yawa an kai su makarantun kwana inda ake hukunta yaro don ya yi magana da harshen uwarsa. A Nay Ah Shing ana koyar da darussan zamani tare da harshen Ojibwe da al'adunsu, kuma dattawa suna shiga aji.

Malam Garba: Harshen ya farfaɗo ke nan?

Malama Hadiza: Har yanzu yana cikin haɗari, Malam, domin dattawan da suka tashi da shi tun daga goyo saura 'yan kaɗan, kuma duk wanda ya rasu yakan tafi da labarai da kalmomin da ba a rubuta ba. Saboda haka gwamnatinsu ta ware kuɗi aka zauna da su aka naɗi muryoyinsu, aka buga littattafan da babu Turanci a cikinsu, aka kuma haɗa hannu da kamfanin Rosetta Stone aka fitar da darussan koyon harshen ta waya da kwamfuta a 2022, domin ɗan ƙabilar da ke zaune nesa da tafkin ma ya samu damar koyo.

Malam Sani: Lokacinmu ya cika. Masu sauraro, mun gode da kasancewa tare da mu, sai Allah ya kai mu mako mai zuwa.