Malamin da Aka Sallama: Wata Uku Kada Su Wuce Ka

Assalamu alaikum. Abu huɗu zan faɗa kan malamin makarantar gwamnati da aka sallama daga aiki, in lokaci ya bari. Na baya kuna ji? To.

Na farko, takardar ɗauka. Wa ya sa mata hannu? A yawancin jihohinmu, mai takardar NCE, wato shaidar koyarwa, da matakin albashi na 7 yake farawa, kuma ɗaukarsa sai da amincewar SUBEB, hukumar ilimin bai ɗaya ta jiha. Idan sakataren ilimi na ƙaramar hukuma ne kaɗai ya sa hannu, lauyan gwamnati zai ce ai ba a taɓa ɗaukar ka ba. Saboda haka ka tara takardar turawa makaranta, ta kama aiki, rajistar TRCN (hukumar rajistar malamai) da bayanin banki mai nuna albashi ya shiga.

Na biyu, lokaci. Nan zan daɗe, ku yi haƙuri. Akwai dokar kare jami'an gwamnati, sashe na 2: mai ƙarar jami'i kan aikin ofishinsa, wata uku gare shi. Wata uku! Malam ya karɓi takardar sallama, ya ninke ta cikin aljihun jamfa, ya fara zarya. Yau gidan ciyaman, gobe hedikwata, jibi a ce oga ya tafi Umara. Ana "ka dawo Litinin" har wata na huɗu ya kama. Takardar roƙon da ka kai ofis ba ta tsayar da ƙirga kwanakin nan. A 2019 Kotun Ƙoli ta ce dokar ba ta hau kan yarjejeniyar aiki ba, amma an samu hukunce-hukuncen da suka saɓa, to don me za ka sa abincinka a caca? Wasu dokokin jihohi ma sun ce sai ka ba hukuma sanarwa a rubuce kafin ƙara, galibi wata ɗaya, kuma cikin wata ukun za ka cire shi. Kowace takarda ka kai, a buga wa kwafinka hatimi da kwanan wata. Alhaji na dariya, wataƙila ya san zaryar.

Na huɗu... na uku ko? Kotu. Tun gyaran tsarin mulki na 2010, sashe na 254C, Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ce mai hurumi. Can ƙungiyar malamai ta ƙasa, NUT, ta nufa a 2017 da Kaduna ta ce malamai 21,780 sun faɗi jarrabawa. Ka roƙi a soke sallamar, a umarci SUBEB ta yanke shawara kan amincewa da ɗaukarka, a biya albashin baya.

Malama, ina jin ki. Makarantar kuɗi? A'a, can da wuya kotu ta tilasta wa mai makaranta ya mayar da ke. Abin da ake samu kuɗin sanarwa ne, da albashin da aka riƙe, wani lokaci da diyya in sallamar ba dalili. Sun ba ki takardar ɗauka? Ba su ba ki ba? To ki nemo rajistar sa hannu ta safe da saƙonnin banki, ki same ni bayan sallar la'asar.