Jawabin Maraba ga Mai Girma Minista Mai Kula da Filaye a Ziyararsa ta Birnin Tawa

Mai girma Minista, mai girma Gwamna, iyayenmu sarakuna, malamai, jama'ar Adar maza da mata, assalamu alaikum.

Ranka ya daɗe, barka da sauka. Ka baro Yamai, ka sha hanya ta Dosso da Dogon Dutsi da Ƙonni don ka ji bakin talakawa, kuma kowa ya san ka da cika alkawari. Tun kafin ka sha ruwa ga abin da ya tara mu: muna roƙon a turo ayarin da zai tantance rajistar filayen Tawa ya gyara ta, a kuma dakatar da canjin suna a kan duk filin da ke da ƙara har a gama.

Garin nan daga ƙauyukan Bilbis da Fakuwa ya tashi. Ƙasarmu dutse ce da faƙo, amma matan Keita sun ɗauki duwatsu a ka tun 1984 sun raya ta har duniya ta zo kallo. Albasar Galmi ta kai Abijan, simintin Malbaza ya gina gidajen ƙasa. Iyakar noma da dokar 1961 ta shata ta ratsa jaharmu, don haka zaman manomi da makiyayi ba a littafi muka karanta shi ba. Da dokar karkara ta 2 ga Maris 1993 ta kawo kwamitocin kula da filaye da ake kira Kofo, mun karɓa hannu biyu. Sai dai har yau akwai Kofon ƙauye da ba ta da ko takardun cikewa.

Ranka ya daɗe, ɓarnar daga ƙaramin abu take farawa. Takardar fili tana ɗauke da lambar ilo, wato rukunin filaye, da harafin parsel, wato fili guda a cikin rukunin. Magatakarda ya rubuta B a madadin D, shi ke nan mutum biyu sun hau fili ɗaya, kowa da hatimi. Suna a takardar haihuwa Mahamadu, a takardar fili Mamman, ranar sayarwa a ce ba shi ba ne. A sayar da fili hannu uku da 'yar takardar ciniki kawai, rajista tana nan da sunan na farko, wanda ya rasu. A tumɓuke borni, wato alamar iyakar fili, a matsar da shi taku biyu. A karkara kuwa gonar jingina ko ta aro ce ake rubutawa a matsayin saye.

Wanda ya fi ci mana rai shi ne na gado. Ɗanmu yana cirani a Kwaddibuwa, yana turo kuɗin guminsa, ya dawo ya tarar wa ko ƙane ya sayar da filin gida ba da sanin sauran magada ba. Gwauruwa da marayunta su ne na ƙarshen ji.

Ga yadda muke fatan aikin ya gudana. A haɗa rajista da taswirar rabon filaye layi-layi. Mai awo ya fita da mai unguwa da maƙwabtan kusurwa huɗu a duba borni a idon kowa. A liƙa sunaye a bainar jama'a, a yi shela a rediyo da Hausa da Tamajak da Fulatanci, a ba da wa'adin da zai ishi na cirani ya aiko wakili. Kada a goge kuskure ko a yage shafi: a ja layi, a rubuta gyara a gefe da kwanan wata da sa hannu. Filin gado kada ya canza suna sai da takardar magada da yardar kowannensu, har mata. Kuɗin kowane mataki a rubuta shi a bakin ƙofa, a ba da rasit.

Muna kuma roƙon rajistoci da na'urar awo ga Kofo, da kwamfuta don ajiye kwafi, saboda gara da ruwan sama suna cin takardu.

Amma ayarin nan, ranka ya daɗe, shi ne kan gaba. Damina na tafe, rikicin iyaka da saukar ruwan fari yake tashi. Muna roƙon ka faɗa mana ranar zuwansa kafin ka bar Tawa.

Allah ya maida kai gida lafiya.